SHARHI: Yinka Dare, haifaffen Kano da Amurka ta sayi tsawonsa, da ƙofar da ke rufewa a yau

Tun daga ranar 1 ga Janairun 2026, matashin Najeriya da ke neman shiga Amurka da sabuwar bizar karatu ya tarar da ƙofa a sakaye. Umarnin da Shugaba Donald Trump ya sanya wa hannu a watan Disambar 2025 ya jefa Najeriya cikin jerin ƙasashen da aka dakatar da bai wa mutanensu bizar ziyara da ta ɗalibai, ita kuwa Jamhuriyar Nijar an rufe mata ƙofar ruf. Tun kafin nan, a watan Yulin 2025, ofishin jakadancin Amurka ya riga ya rage wa'adin galibin bizar 'yan Najeriya zuwa wata uku, shiga ɗaya tak.

Yawancin muhawarar da ta biyo baya ta tsaya a kan masu neman digiri na biyu da na uku. Akwai wani rukuni da ba a cika ambata ba, wato dogayen samari da 'yan mata waɗanda jami'o'in Amurka suka shafe fiye da shekara 40 suna ɗiba daga ƙasar nan domin ƙwallon kwando. Umarnin ya yi togaciya ga 'yan wasan da za su halarci manyan gasanni irin su Kofin Duniya da Olamfik, amma yaro ɗan shekara 17 da wata makaranta ta yi wa alkawarin gurbi, a idon ofishin biza ɗalibi ne kawai.

Kafin a yi kukan rufewar ƙofar, ya dace a leƙa a ga abin da ke bayanta. Kano tana da shaida a kan haka, ko da yake kaɗan ne daga mutanenta suka san sunansa.

Daga benci a Legas zuwa Washington

An haifi Yinka Dare a Kano ranar 10 ga Oktoban 1972. Sunansa na Yarbanci ne, kamar na dubban yaran da aka yanke wa cibiya a wannan birni da ake yi wa kirari da tumbin giwa. Ya kai tsawon ƙafa bakwai, wato sama da mita biyu da santimita goma.

Labarin da ya yaɗu a jaridun Amurka shi ne, a shekarar 1991 wani lauya ɗan Najeriya mazaunin Amurka mai suna Lloyd Ukwu yana wucewa a mota a Legas, sai ya hango wani zabgegen saurayi zaune a kan benci yana cin abinci. Ya tsaya ya tambaye shi tsawonsa, saurayin ya ce bai sani ba. Amurkawa sun ji daɗin wannan labari ƙwarai, suka yi ta maimaita shi. Abin lura a cikinsa shi ne, abin da aka fara tambayar Dare tsawonsa ne, kuma shi aka ci gaba da tambaya har ƙarshen zamansa a fagen wasa.

Ya yi shekara guda a makarantar share fage ta Milford Academy da ke jihar Connecticut, daga nan ya shiga Jami'ar George Washington da ke babban birnin Amurka a 1992, ƙarƙashin mai horarwa Mike Jarvis. Jami'ar ba ta cikin manyan gidajen ƙwallon kwando a lokacin. Zuwan Dare ya sauya haka cikin kaka guda. A shekararsa ta farko yana cin maki 12 a kowane wasa, yana kuma cafke ƙwallon da ta ɓaro daga kwando sau goma. Jami'ar ta shiga babbar gasar watan Maris ta 1993 mai ƙungiyoyi 64, ta doke New Mexico, ta doke Southern, ta kai zagayen ƙungiyoyi 16 na ƙarshe, inda ta faɗa hannun Michigan ta su Chris Webber da Juwan Howard da Jalen Rose, aka tashi 72 da 64. Mujallar Sports Illustrated ta zaɓe shi gwarzon 'yan ajin farko na wannan shekara.

A kaka ta biyu makinsa ya haura 15 a kowane wasa, jami'ar ta sake shiga gasar ta kai zagaye na biyu. Cikin shekara biyu kacal ya kafa tarihin jami'ar wajen doke ƙwallon abokan hamayya kafin ta isa kwando. Sai ya ajiye karatu, ya miƙa sunansa ga gasar ƙwararru ta NBA.

Me ya sa ya yi gaggawa?

Masu sharhi a Amurka sun daɗe da yanke hukunci cewa ya tafi tun bai nuna ba. Ta fuskar wasa sun yi gaskiya. Ta fuskar lissafin rayuwa kuwa maganar ta fi haka sarƙaƙiya, kuma sai an duba kalandar 1994 za a fahimta.

Ranar 22 ga Yunin wannan shekara Hakeem Olajuwon, haifaffen Legas, ya jagoranci Houston Rockets ta ɗauki kofin NBA, bayan an zaɓe shi gwarzon gasar baki ɗaya. Mako guda bayan haka aka zauna zaɓen sababbin 'yan wasa. Dikembe Mutombo na Kwango yana tashe a Denver. A farkon shekarar ma Hollywood ta fitar da wani fim, The Air Up There, wanda jigonsa shi ne mai horarwa Ba'amurke da ya tafi ƙauyen Afirka farautar dogon yaro. Kasuwa ce ta buɗe, kowace ƙungiya tana neman nata Hakeem ɗin, kuma farashin dogon ɗan Najeriya bai taɓa kaiwa inda ya kai a wannan mako ba. New Jersey Nets ta ɗauki Dare a matsayi na 14, ta ba shi kwantiragin da aka ruwaito ya kai kimanin dala miliyan 9.

Ga kuma wani abu. Zaɓen 1994 shi ne na ƙarshe da sabon ɗan wasa ke da damar yin ciniki yadda ya so. Wanda aka ɗauka na farko a shekarar, Glenn Robinson, ya karɓi kwantiragin dala miliyan 68, abin da ya tayar wa masu ƙungiyoyi hankali, har aka ƙayyade albashin sababbin shiga daga 1995. A wancan zamani ɗan wasan jami'a ba ya karɓar ko sisi, komai yawan 'yan kallon da ya tara da kuɗin talabijin da ya jawo. Saurayin da ya bar iyaye da 'yan'uwa a Najeriyar 1994, lokacin da Naira ke zubewa ƙasa kuma ana tsakiyar rikicin soke zaɓen 12 ga Yuni, aka ajiye masa miliyoyin daloli a gefe guda, a ɗaya gefen kuma ƙarin shekara biyu na wasa kyauta da yiwuwar karyewa a banza, da wuya a kira zaɓinsa wauta. Da ya jira, mai yiwuwa ya fi ƙwarewa, mai yiwuwa kuma ya fita da hannu rabbana.

Ƙididdigar da ta zama abin dariya

Abin da ya faru a New Jersey ba shi da daɗin ji. A kakarsa ta farko minti uku kacal ya buga a wasa ɗaya, ciwon gwiwa ya cinye sauran. A 1995, da aka ƙirƙiro sababbin ƙungiyoyi biyu a Toronto da Vancouver aka ba su damar tsinto 'yan wasa daga tsofaffin ƙungiyoyi, Nets ta bar sunansa a fili, babu wadda ta ɗauka. A kakar 1995 zuwa 1996 ya buga wasa 58 ba tare da ya miƙa wa abokin wasansa ƙwallon da aka ci maki da ita ko sau ɗaya ba. Jimillar zamansa a NBA wasa 110 ne cikin kaka huɗu: irin wannan miƙawa sau 4, zubar da ƙwallo ga abokan hamayya sau 96, maki biyu da ɗigo a kowane wasa. Jaridun New York, waɗanda ba su san sassauci ba, suka mai da shi abin ba'a, har yau kuma in an ambaci sunansa a shafukan ƙwallon kwando na intanet, galibi wannan ƙididdiga ake tunawa. A watan Fabrairun 1998 aka haɗa shi cikin musayar 'yan wasa zuwa Orlando Magic, ita kuma ta sallame shi nan take. Ya ci gaba da wasa jefi-jefi a ƙananan gasanni har zuwa wajen 2003.

Waɗannan lambobi suna da fassarar da masu dariya ba su tsaya yi ba. Miƙa ƙwallo ga wanda ya dace a lokacin da ya dace ba ƙarfin damtse ne ke ba da shi ba. Ido ne da ya saba karanta fili, kuma wannan sabo yaro ke tara shi tun yana ɗan shekara goma, cikin dubban wasannin yamma da babu mai ƙirga su. Dare ya shiga wasan da gaske yana dab da shekara 19. A jami'a an tsayar da shi ƙarƙashin kwando, an ce ya tare, ya cafke, ya dankara, domin abin da ke kawo nasara a daren Asabar ke nan, kuma da nasarar ake auna mai horarwa. Da ya isa inda kowa dogo ne, kowa ƙaƙƙarfa, sai ya zamana jarin nasa kowa yana da irinsa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, shi kuwa an kai shi kasuwa ne a matsayin katako.

Za a ce ai Olajuwon ma bai taɓa ƙwallon kwando ba sai da ya kai shekara 15. Haka ne, sai dai ya zo da ƙafar mai tsaron gida a ƙwallon ƙafa da hannun ɗan ƙwallon hannu, daga makarantar Muslim Teachers College ta Legas inda wasanni ke cikin tsarin karatu. A Houston ya yi shekara guda yana atisaye ba ya buga gasa, ya yi kaka uku yana bugawa, kuma lokacin hutu yana gwabzawa da Moses Malone, gwarzon NBA na lokacin, a wani zauren wasa na unguwa. Hakeem ya sami lokaci da malami. Michael Olowokandi, wani haifaffen Legas da ya fara wasan a makare aka kuma ɗauke shi na ɗaya a zaɓen 1998, ya fi kusa da makomar Dare fiye da ta Hakeem.

Hanyar Zariya

Arewa tana da wani misalin na daban, kuma bai da nisa da yammacin Kano. A Jami'ar Ahmadu Bello, Ba'amurke Oliver Johnson ya shafe shekaru masu yawa yana koyar da yaran Samaru da kewaye ƙwallon kwando. A hannunsa Masai Ujiri ya fara yana ɗan shekara 13. Ujiri ya tafi Amurka, ya buga wa ƙaramar kwalejin Bismarck da ke North Dakota, ya yi 'yan shekaru a ƙananan ƙungiyoyin Turai, bai taɓa buga minti ɗaya a NBA ba. Ya fara aikin farautar 'yan wasa wa Orlando ba tare da albashi ba. A 2013 aka zaɓe shi gwarzon shugabannin gudanarwa na NBA, a 2019 kuma ƙungiyar da ya gina, Toronto Raptors, ta ɗauki kofi.

Ta wannan yanki ne Solomon Alabi, haifaffen Kaduna, ya bi zuwa Jami'ar Jihar Florida, aka ɗauke shi na 50 a zaɓen 2010, ya buga wa Toronto ƙasa da wasa 30. Abdullahi Kuso, shi ma daga Kaduna, ya bi ta wata kwaleji a Tallahassee zuwa Gonzaga tsakanin 2006 da 2008, ya kuma sanya rigar Najeriya. Babu ɗayansu da ya zama Hakeem. Abin da Zariya ta bayar shi ne fili, da malami da ya zauna bai tashi ba, da manya da suka riga suka bi hanyar waɗanda za a iya tambaya kafin a sa hannu a takarda.

Inda babu wannan, dillali ne ke cike gurbin. A 2017 binciken 'yan jarida a birnin Paterson, a jihar New Jersey ɗin da Dare ya zauna, ya bankaɗo yadda aka tara yaran ƙasashen waje, ciki har da 'yan Najeriya, a gidan mai horar da wata makarantar sakandare, takardunsu a rikice. A jihar North Carolina kuma kotun tarayya ta ɗaure mai wata makarantar kuɗi a Charlotte saboda sayar da takardun shaidar ɗalibta ga masu shigo da yara 'yan wasa, yaran da ba su zauna a ajinta ba. Yaron da aka kai ta irin wannan hanya, ranar da gwiwarsa ta samu matsala ko aka ga tsawonsa ya tsaya, ranar zai gane cewa ba shi da makaranta, ba shi da biza mai inganci, ba shi da kuɗin jirgin komawa gida.

Kuɗi ya shigo, baƙo yana kallo

Babban abin takaici a lamarin Dare shi ne, matsalar da ta tura shi barin karatu an warware ta, amma ba don irinsa ba. Daga Yulin 2021 aka halatta wa 'yan wasan jami'o'in Amurka karɓar kuɗin talla da sunansu da hotonsu. A Yunin 2025 wata alƙaliyar kotun tarayya a California ta amince da sulhun da ya ba kowace babbar jami'a damar raba wa 'yan wasanta har kimanin dala miliyan 20.5 a shekara. Tauraron jami'a a yau yana iya zama a aji ya kammala digirinsa yana miloniya.

Bizar ɗalibi kuwa ta taƙaita irin aikin da baƙo zai yi a biya shi a cikin Amurka, saboda haka ɗan wasan da ya zo daga waje yana tafiya ne a kan siraɗi: ya karɓa ya jefa bizarsa cikin haɗari, ko ya bari ya ga abokin ɗakinsa yana karɓa. Yanzu kuma ita kanta bizar ta zama abin nema. Makarantar horarwa ta NBA da ke Saly a Senegal, wadda ta fitar da Khaman Maluach na Sudan ta Kudu zuwa Jami'ar Duke har aka ɗauke shi na goma a zaɓen 2025, ita ce hanya mafi tsabta da ta rage a nahiyar. To amma gurabenta 'yan ƙalilan ne ga nahiya guda, kuma yaron da ya fito daga cikinta da fasfon Najeriya zai je ya tarar da layin biza ɗaya da kowa.

Gida bai koshi ba

Da a ce gasar cikin gida tana tsaye da ƙafafunta, da rufewar ƙofar Amurka ba ta zama babbar musiba ba. Kano Pillars ta ƙwallon kwando, wadda gidanta ke rufaffen zauren filin wasa na Sani Abacha a Ƙofar Mata, ta lashe gasar ƙasa sau da dama tsakanin 2008 da 2017, ta kuma zo ta uku a gasar zakarun ƙungiyoyin Afirka a Alƙahira a 2016. Watanni kaɗan bayan wannan bajinta hukumar ƙwallon kwando ta ƙasa ta dare gida biyu. Ranar 12 ga Yunin 2017 aka yi zaɓe a Kano aka ce Tijjani Umar ne shugaba, washegari aka yi wani a Abuja aka ce Musa Kida ne. Rikicin ya kwashe shekaru yana cin gasar cikin gida. A Janairun 2022 aka sake yin zaɓe biyu a rana ɗaya, a Benin da Abuja. A watan Mayu gwamnatin Muhammadu Buhari ta janye Najeriya daga gasannin duniya na shekara biyu, ta janye matakin bayan 'yan makonni, amma kafin nan D'Tigress ta riga ta rasa gurbinta a Kofin Duniya na mata, aka bai wa Mali.

Nasarorin da ake alfahari da su, kofin Afirka na maza a 2015, doke Amurka da ci 90 da 87 a wasan sada zumunta a Las Vegas a 2021, kofin Afirka na mata sau biyar a jere, kaiwa zagayen kusa da na kusa da ƙarshe a Olamfik ta Paris, kaso mai tsoka na waɗanda suka kawo su 'ya'yan 'yan Najeriya ne da aka haifa ko aka horar a Amurka. Ƙasar ta daɗe tana cin tuwo da miyar maƙwabta.

A nan ne maganar ta iso ga wurare irin Gwangwan da ke Ƙaramar Hukumar Rogo. Rogo tana iyaka da jihohin Kaduna da Katsina, kuma ba wata tafiya mai nisa ce tsakaninta da Zariyar su Ujiri ba. Dogon yaro ana haifarsa a masarautar Karaye kamar yadda ake haifarsa a Legas. Amma ƙwallon kwando a Jihar Kano wasan birni ne, na Ƙofar Mata da harabar Jami'ar Bayero da wasu makarantun cikin gari. Ƙwallon ƙafa fili da duwatsu huɗu take buƙata, dambe da kokawa dandali da kalangu ko ganga. Ƙwallon kwando kuwa sai da daɓen siminti mai tsawon mita 28 da faɗin mita 15, da zobe biyu a bisan mita 3.05, da wanda ya san ƙa'idar wasan. Wannan bai kai kuɗin ginin ajujuwa biyu ba, sai dai ba ya cikin abin da ɗan siyasa ke yanke wa ƙyalle a taro.

Sakamakon shi ne, yaron Gwangwan mai irin jikin Dare, in ma an gano shi, za a gano shi ne kamar yadda aka gano Dare: a makare, bisa katari, a tasha ko a kasuwa, ta hannun wanda ya hango riba. Zai kuma fi Dare rauni wajen ciniki, domin jami'ar Amurka ko ta Turai tana neman sakamakon jarrabawar kammala sakandare da takardar haihuwa da ta dace da fasfo, abubuwan da yaran karkara da yawa ba su da su a kammale. Gwamnatin Abba Kabir Yusuf ta ayyana dokar ta-ɓaci a kan ilimi a Yunin 2024. Duk makarantar sakandaren kwana da za a gyara a yammacin jihar ƙarƙashin wannan shiri ba tare da filin wasa da malamin motsa jiki ba, an bar wa dillali aikin gano yaran da ke cikinta.

Zuciya

Ranar 9 ga Janairun 2004 Yinka Dare ya yanke jiki ya faɗi a gidansa da ke Englewood, New Jersey. Yana da shekara 31. Binciken likita ya danganta mutuwar da rashin daidaituwar bugun zuciya, larurar da aka ce an gano tun yana jami'a.

Wannan sashe na tarihinsa ya fi kowane kusa da gida. Hank Gathers ya faɗi ya mutu a tsakiyar wasan jami'a a 1990, Reggie Lewis na Boston Celtics ya bi shi a 1993, kuma binciken likitocin Amurka ya nuna cewa a cikin 'yan wasan jami'a, baƙaƙen fata maza masu buga ƙwallon kwando ne suka fi fuskantar haɗarin tsayawar zuciya farat ɗaya. Dare ya rayu a ƙasar da aka iya gano ciwon nasa da wuri, duk da haka bai wuce 31 ba. A Najeriya, Samuel Okwaraji ya faɗi a filin wasa na ƙasa da ke Legas ranar 12 ga Agustan 1989, ana tsakiyar wasa da Angola. Shekara 30 da 'yan watanni bayan haka, a watan Maris na 2020, Chineme Martins na Nasarawa United ya faɗi a Lafiya ana wasa da Katsina United, rahotanni kuma suka ce motar ɗaukar marasa lafiya da ke filin ta ƙi tashi. Gwajin bugun zuciya na na'urar ECG bai wuce aikin 'yan mintuna ba, kuma ana yin sa a Asibitin Koyarwa na Aminu Kano da na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Shika. Ma'aunin tsawo da na nauyi ne ake fara fitarwa a sansanin zaɓen yara.